Ƙamshin Tukunyar Kumandan

Yamai, farkon watan Shawwal

Zuwa ga Goggo Mu'minat, a Belbeji.

Assalamu alaikum. Goggo, ina gaishe ki gaisuwar ɗa ga uwa. An yi salla lafiya? Yaya ƙafar nan taki, yaya zafi? Mu nan lafiya lau, Rukaiya da yara suna gaishe ki.

Takarda na rubuto tunda kin ce ba kya magana a wayar mai shagon caji, kowa na saurare. Haris direba zai miƙa miki ita, abin da take magana a kai kuma yana bayan motarsa. Kada ki tsorata in kin gan shi. Kare ne. Nasaran da nake yi wa tuƙi ya koma ƙasarsu, ya bar mini shi kyauta, ya ce bai yarda da kowa ba sai ni. Irinsu ake kira mastif, sunansa Gasto. Mai gidan da muke haya ya ce ko ni ko shi, ɗaya zai bar gidan. Sai na tuna da tol, kwanon rufin nan, da aka sace mini bara a ginin da nake yi jikin gidanki. Siminti na nan, ƙarafa na nan, ke kuma ke kaɗai ce tun rasuwar maigidanki Malam. Na ga ai Allah ne ya kawo mana mai gadi.

Ba shi da wahala ko kaɗan. Inuwa, ruwa mai sanyi, a bar shi ya ɗan taka da sassafe. Abincinsa safe da yamma, dafaffen nama da shinkafa. Na gama magana da Mato mahauci, zai riƙa kawowa kullum, tsakanina da shi ne, babu ruwanki. Amma don Allah kada a ba shi ɗanye, an ce in ya saba da jini awakin unguwa zai koma wa. Kuma kada ya yi guje-guje in ya ci, cikin irinsu yakan murɗe.

Amana ce na ba ki, Goggo, don na san ba kya wasa da amana.

Ɗanki,
Almustafa Mahmudu

*

Belbeji, cikin Shawwal

Da sunan Allah mai rahama, mai jin ƙai. Daga Mu'minat ɗiyar Malam Shu'aibu zuwa ga ɗana Almustafa. Aminci ya tabbata gare ka da iyalinka. Ƙafa da sauƙi, sai in na daɗe a tsugune. Zafin bana ya fi na bara, kafin hantsi ruwan randa ya yi ɗumi. Ka gaida Rukaiya, ka shafa mini kan yara.

Bayan haka, saƙonka ya iso. Na so a ce takardar ta riga shi zuwa ko da da kasuwa ɗaya ne, da ka ji amsata. Kakarka da babana ciki ɗaya suka fito, amma ubanka Mahmudu, Allah ya jiƙan sa, ko akuya bai taɓa ɗaurewa a gidan nan ba sai ya yi sallama ya tambaya. Kai ka aiko mini dabba mai girman maraƙi ka ce amana ce. Ni dai abin da na sani, amana karɓar ta ake yi, ba a sauke wa mutum ita daga bayan kamyon kaya.

Sai da maza suka taru kafin a sauko da shi. Kansa kamar turmi, leɓɓa sun zubo, yawu na dalala kamar miyar kuɓewa. Unguwa kaf ta fito kallo. Mato ya dube shi ya ce, “Wannan ai ba kare ba ne, Kumandan ne.” Sunan ya bi shi, ba wanda ya san wani Gasto a nan.

Ba ƙyamarsa nake ba, kada ka ɗauka haka. A abin da muka karanta gaban Baba, duk mai rai tsarkakakke ne, ƙwaryar ruwan da kare ya sa wa baki ita ake zubarwa a wanke sau bakwai, wanda kuma ya ajiye kare don tsaron dukiya malamai sun yi masa sassauci. Na sa shi cikin filin gininka, na rufe ƙofar da ke tsakani, ba ya zuwa inda nake salla. Na ware masa tukunya da kwano da ludayi, na ɗaura musu jan tsumma don kada su gauraya da nawa. Sarƙar da ya zo da ita na kwance, ta ci masa wuya har ta yi ruwa. Ƙasarmu ta fi ƙarfin tafinsa, in rana ta ɗaga sai ya riƙa ɗage ƙafa ɗaya bayan ɗaya kamar mai taka garwashi. Na jiƙa buhuna na shimfiɗa masa gindin aduwa. Karangiya ta cika masa tsakanin yatsu, ni na zauna da hantsaki ina cirewa yana huci a kaina. Tunkiyar da nake kiwo don layya sai da ta ƙi dusa saboda haushinsa. Wannan ne ka ce ba shi da wahala.

Duk wannan zan iya. Ga wanda ba zan iya ba.

Ka san Fatu, katanga ɗaya ce tsakaninmu, ta wajen murhu kuma gajeriya ce. Tun ina amarya, kullum da magariba kwanona yana haurawa nata yana haurowa, ko tuwo ne, ko dambu, ko ɗan kwaɗon zogale. To ɗiyarta Raishatu ta zo daga Gangara wankan jego. Haihuwar fari ce, ta zubar da jini da yawa, har yanzu tafin hannunta fari fat. Mijin yana arewa wajen haƙar zinariya, shiru kake ji. Gero bai yi ba bara. Tun da ɗan naman suna ya ƙare gidan Fatu ba su sake sayen nama ba. Kaza ɗaya nake da ita, na yanka musu, ta tafi. Yanzu ni ce safe da yamma nake ɗora tukunyar nama jikin katangarsu, iska na kai musu, sa'an nan da magariba in miƙa musu tuwo da miyar kuka.

An karantar da mu kada mutum ya cuci maƙwabcinsa da ƙamshin tukunyarsa, sai dai ya ɗebar masa. Ɗiba kuwa ba zan iya ba, don naman ba nawa ba ne, naka ne, ka kuma faɗi wanda ka ba. Na gwada masa tuwo da nono, ya shinshina ya kau da kai, ya wuni bai ci ba har na ji tsoron haƙƙinsa. Ɗanye kuma ka hana.

Saboda haka izini nake nema. Ka yarda in riƙa cire wani abu daga naman in dafa wa mai jego a tukunyata. Kalma ɗaya ta isa. Haris zai juyo kasuwa mai zuwa, ka ba shi amsa.

Allah ya yi maka albarka.
Goggonka Mu'minat

*

Belbeji, ƙarshen Shawwal

Da sunan Allah. Zuwa ga ɗana Almustafa, bayan sallama da fatan kana lafiya, don ban san ko lafiya kake ba. Ni dai ina nan, ƙafar ta ɗan kumbura saboda jigilar ruwa.

Haris ya zo hannu rabbana, ya sake zuwa hannu rabbana. Ya ce ka sami sabon maigida kun tafi Dosso. Allah ya sanya alheri. Amma Mato ya ce mini kuna magana a waya, har ka tambaye shi ko karen yana cin abinci sosai. Ashe dai akwai hanya in lafiyar kare ake tambaya.

Bari in gaya maka abin da na yi ina jiranka. Na kwashe murhun na kai can ƙarshen filin gininka. Bai hana komai ba, iskar yamma ta wajen take bugowa, sai ma gidaje biyu take raba wa ƙamshin maimakon ɗaya, dole na mayar da shi wurinsa. Sai na yafa mayafi na tafi rumfar Mato da kaina, ni da ban saba tsayawa cikin mahauta ba. Na ce masa a hankali, “Ka dafa shi nan kasuwa inda kowa ya saba da ƙamshi, ka kawo dafaffe.” Ya yi dariya har ya ajiye wuƙa. Ya ce, “Malama, ni mahauci ne, ba kukun Kumandan ba.” Bai kuma faɗe ta a hankali ba. Yanzu in na je famfo mata sai su ce, “Malama, me Kumandan ya karya da shi yau?” Wata har ta ce in an buɗe wurin mai wanke masa kwano a tuna da ita. Ina yin murmushi in ɗauki tuluna.

Wannan duk iska ce. Fatu ce ba ta ce komai ba, shi ne ya dame ni. Kwanonta yana haurowa, nawa yana haurawa, amma ta daina tsayawa mu yi hira ta kan katanga. Shekaranjiya da la'asar ina juya tukunyar na ji muryar Raishatu, ƙasa-ƙasa, ta ce, “Inna, yau ma?” Fatu ta ce, “Yi shiru ki sha kununki.” Almustafa, ludayin yana hannuna, naman yana gabana, hannu kawai zan miƙa. Ban miƙa ba, saboda ba ka amsa ba.

Don kada ka ce ban ba ka labarin dukiyarka ba: ko ƙusa ba a taɓa ba tun zuwansa, haushi ɗaya in ya yi har tasha ana ji. Amma zafi yana wahalar da shi. Wuni yake kwance harshe waje, gwiwoyinsa sun fara yin kanta saboda nauyin jikinsa. Kaska ta kama masa kunnuwa, na je wajen likitan dabbobi ya ba ni hoda, ina shafa masa da tsumma. Bayan asuba nake buɗe masa ya zagaya filin kafin ƙasa ta yi zafi. In kana nufin in ja shi a titi ne da ka ce ya taka, to wannan ka cire shi daga ranka.

Ba dogon bayani nake so ba. E ko a'a. Yarinyar nan kwanakin wankanta tafiya suke yi.

Goggonka Mu'minat

*

Yamai, farkon Zulƙida

Goggo, assalamu alaikum. Ina fatan ƙafa ta saɓe. Mun dawo lafiya, aikin sabon maigida ba hutu, takardunki biyu a tsaye na karanta su a tasha.

Goggo, kin ba ni dariya kin kuma ba ni tausayi. Da kin ce mini kai tsaye kina sha'awar nama, ai ba sai kin kewaya ta gidan Fatu ba. Ba abin kunya ba ne, duk wanda ke dafa nama kullum dole ransa ya biya. Ni ɗanki ne. Na riga na kira Mato na ce ya ƙara a kan na Gasto, ki ci, in ya rage ki miƙa wa maƙwabta. Shi ke nan magana ta ƙare.

Sai dai don Allah kada nasa ya ragu. Haris ya ce mini ya rame, har ana ganin haƙarƙarinsa, alhali Mato ya rantse kullum yana kawowa cif. Ban ce komai ba, na dai faɗa ne. Kuma a mayar masa da sarƙa. Karen gadi in ana yawan lallaɓa shi lalacewa yake yi, gobe ɓarawo ya zo ya kaɗa masa wutsiya.

Maganar matan famfo kada ta dame ki, ba su taɓa ganin irinsa ba ne.

Ɗanki,
Almustafa

*

Belbeji, cikin Zulƙida

Da sunan Allah. Zuwa ga Almustafa ɗan Mahmudu. Na amsa sallamarka don amsa ta wajibi ce. Lafiyata ƙalau.

Na karanta takardarka na ajiye. Na tashi na yi alwala, na dawo na sake karantawa, ko fushina ne ya karanta mini ita da fari. Ba fushina ba ne. Abin da ka rubuta ke nan.

Ni ce zan laɓe bayan mai jego don in ci nama? Ni da na yi takaba a gidan nan da fura da ruwa ban leƙa ƙofar kowa ba? Tun zuwan karenka, ko yatsa ban taɓa tsomawa a romonsa ba. In ya fallatsar mini a hannu wankewa nake yi, ba don ƙazanta ba, don ba nawa ba ne. Ka ce ba ka ce komai ba. Ka ce, Almustafa. Ramar da Haris ya gani ta zafi ce. An raini dabba a ɗaki mai sanyin inji, ka jefo ta nan ƙasar Damargu tsakiyar bazara, ka kuma zauna kana lissafin haƙarƙarinta daga Yamai.

Amma ba wannan ne babban abin da ka yi ba. Ka kira Mato. Ni takarda na rubuto maka, na naɗe, na liƙe, don kada kowa ya ji sunan Fatu cikin maganar nan. Kai ka ɗauki waya ka ba mutumin da ba ya iya sayar da hanta sai layi guda ya ji. Tun kafin takardarka ta iso ya tsaya ƙofar gidana da ƙunshi biyu, ya ɗaga murya ya ce, “Malama, ga na Kumandan, ga kuma na maƙwabtan Kumandan, in ji Yamai.” Na gaya maka katangar gajeriya ce.

Duk da haka na haɗiye. Na ce izini dai ya samu, yarinya kuma jini take nema. Na ɗauko tukunyata, na yi farfesu da citta da masoro da kanumfari yadda ake yi wa mai jego, na zuba a kwanon da muka saba, na ɗora kan katanga da magariba. Ban idar da salla ba na ji an dawo da shi. Murfin ko motsawa bai yi ba.

Na zagaya ta ƙofa na yi sallama. Fatu tana tankaɗe, ba ta ɗago ba.

Na ce, “Fatu, a tukunyata na dafa, wadda kika sani.”

Ta ce, “Na sani. Tukunyarki ba ta yi mini komai ba.”

Na ce, “To ki ba yarinyar nan ta sha romo.”

Sai ta ajiye rariya. Ta ce, “Mu'minat, ran da Malam ya rasu, wa na nemi izininsa kafin in hauro miki da fura? Geron ma ba nawa ba ne, na maigidana ne. Ke kina jin yarinya tana haɗiyar yawu ta bayan katanga, kika zauna jiran takarda daga Yamai. Yau an ce a ba mu in kare ya rage. Mun gode. Ba mu kai nan ba tukuna.”

Na ce, “Ba nawa ba ne, Fatu. Da nawa ne ai ba sai kin ji ƙamshi ba.”

Ta ce, “Ai shi na ce. Je ki riƙe amanarki.”

Raishatu tana ɗaki tana jin mu, ta juya fuska bango. Na ɗauko ƙafata na dawo. Farfesun kuwa na ɗauraye yajin na juye wa karenka. Ya cinye ya lashe kwano. Duk cikinmu shi kaɗai ne bai ji kunya ba ran nan.

Tun daga ranar kwanon Fatu bai sake haurowa ba. Nawa ina ɗorawa kullum, da safe in sauke shi da tururuwa a ciki. Abin da muka fara tun kafin a haife ka, wanda fari bai tsayar ba, rasuwa ba ta tsayar ba, kai ka tsayar da shi da kiran waya ɗaya.

Sarƙa ba zan mayar ba. Mun ji abin da ya sami matar da ta tsare kyanwa, ban shirya tsayuwa gaban Allah saboda wuyan karenka ba. Ka kuma gaya wa Mato kada ya sake tako ƙofata da ƙunshi, ko ɗaya ko biyu. Daga yau karenka zai koyi cin abin da gidan nan yake ci. Wannan karon ba izini nake nema ba, sanar da kai nake yi.

Mu'minat

*

Yamai, tsakiyar Zulƙida

Goggo, assalamu alaikum. Ina gaishe ki, ina kuma neman gafararki tun kafin in tambayi ƙafa.

Rukaiya ta ɗauko takardarki ta farko ta zaunar da ni, ta karanta mini ita layi-layi kamar ɗan lakwal mai koyon karatu. Da ta gama ta ce, “Ina ne a nan Goggo ta ce tana son nama?” Na duba ban gani ba. Ta ce ita ma ta yi wankan jego a gidan da maƙwabta ke suya, ba sai an ba ta labari ba. Tun jiya ba ta yi mini magana mai daɗi ba.

Na kira Mato na ce ya daina, na kuma ce ya kama bakinsa, ko da yake na san na makara. Ga abin da na yi tunani. In sa a sayi rago a kasuwar Tarka a kai wa Inna Fatu da sunana, a ce ban haƙuri ne. Shi kuma Gasto, akwai wani Alhaji a Tanut mai ajiyar mai, ya ji labarinsa wajen Haris yana so ya saya. Sai ki huta. Ban yi ko ɗaya ba tukuna, ina jiran abin da za ki ce.

Ɗanki mai laifi,
Almustafa

*

Belbeji, ƙarshen Zulƙida

Da sunan Allah mai rahama, mai jin ƙai. Zuwa ga ɗana Almustafa. Aminci gare ka. Ƙafa ta saɓe, hadari ya fara haɗuwa ta gabas ko da yake bai zubo ba. Ka gaida Rukaiya gaisuwa ta daban, ka ce mata Allah ya yi wa iyayenta albarka.

Na ga ka ce kana jira. Wannan layin shi kaɗai na ji daɗinsa, da shi ka fara tun ran farko da ba mu zo nan ba.

Rago kada ka aiko. Fatu da igiyarsa za ta jawo shi ta ɗaure ƙofar Mato, kasuwa ta sami abin faɗa har layya. Maganar sayarwa kuwa, kuɗin kare ba zai bi ta hannuna ba. Na kuma tambayi Haris wurin Alhajin, ya ce fili ne na siminti da tankuna, ko itace ɗaya babu. Karenka ba zai kai damina a can ba. Naka ne, ba na hana ka. Amma in za ka ɗauke shi ka zo da ƙafarka, ka ga inda za ka kai shi da idonka.

Ya koyi tuwo. Ba da sauƙi ba. Na riƙa dama masa shi da nono, in zuba ɗan romon ƙashi, yau ya ci rabi gobe ya ƙi, har yunwa da haƙuri suka daidaita mu. Yanzu in ya ji ƙarar muciya sai ya zo ya kwanta bakin ƙofa yana dalalar da yawu. Bai ƙara ramewa ba.

Saura maganar Fatu. Na zauna na duba, na ga Raishatu ta gama arba'in, za ta koma Gangara kafin layya. Naman layya ba zai same ta a nan ba, ba zai kuma same ta lokacin da take buƙata ba. Na dubi tunkiyata. Tun kaka nake kiwon ta da harawa da dusa, layyar da nake yi kuma tun Malam na da rai ban taɓa fashi ba. Na kwana biyu ina juya abin. Layya ga mai iko ce, ni kuwa na ga ikona bana ba zai kai wurare biyu ba.

Ran Alhamis da hantsi na zagaya na yi sallama. Fatu tana wanke zannuwan jariri.

Na ce, “Aro na zo. Babbar tukunyarki, da murhunki.”

Ta ce, “Naki fa?”

Na ce, “Nawa unguwa ta san abin da ya dafa.”

Ta matse zane ta shanya, ta sake ɗauko wani. Ta ce, “Me za ki dafa?”

Na ce, “Tunkiyata.”

“Ta layyar?”

“Ita.”

Sai a lokacin ta dube ni. Ta ce, “Kin rubuta Yamai?”

Na ce, “Wannan tawa ce.”

Ta daɗe hannunta cikin ruwan sabulu. Can ta ce, “Ki zo da itacenki, ni ba ni da na ɓarna.”

Malam Attahir limamin unguwa ya yanka mana, ba Mato ba. A tsakar gidan Fatu muka yi aikin, ita ke yanka ni ke wankewa, tana ta faɗan wai ban iya gyaran hanji ba, kamar yau ta fara ganin hannuna. Raishatu ta sha romo har gumi ya karyo mata, ta ce a ƙara. Sauran mun soya mun zuba cikin kitsensa, zai bi ta Gangara.

Muna cikin suya sai muka ji kuka ta bayan katanga, siriri, ba irin haushin nan nasa ba. Karenka ne. Ya zo ya manna hanci jikin ƙofa, iska ta kai masa. Fatu ta saurara, ta ce, “Ji maƙwabcinki, yau shi ake dafa wa a hanci.” Ban ɗebar masa ba, don ba gidana ba ne, ba kuma tukunyata ba. Sai ta zaɓi manyan ƙasusuwan cinya, ta taka turmi, ta wulla masa da hannunta. Ta ce, “Ungo, Kumandan. Mu ba ma jiran takarda.”

Na san da ni take. Na ci gaba da suyata.

Da magariba kwanonta ya hauro. Dambu ne, ya ɗan yi gishiri, na cinye shi tas.

Kada ka ɗauka na huce, ban huce ba tukuna. Kada kuma ka ce za ka mayar mini da tunkiya, ba kai na ba ba. Ran layya ba zan yanka komai ba, zan je idi in dawo in zauna, abin da ya hauro ta katanga ya ishe ni. In kana son ka aiko da wani abu, hodar kaska ta ƙare, likitan ya ce tasu ma ta ƙare. Ka ba Haris, ka kuma haɗa da takarda tun kafin ya taso.

Allah ya shirye mu baki ɗaya.
Goggonka Mu'minat